Thor da Wonder Woman: wanne ya fi kama da tatsuniyar da aka ɗauko shi a ciki?

Ɗan'uwa, ka tambaya tsakanin Thor na kamfanin Marvel da Wonder Woman ta DC wanne aka fi bin asalin labarinsa, tunda an ce dukkansu daga tatsuniyoyin allolin Turawan dā aka ɗebo su. Ka kuma ce ƙanenka ya kafe a kan cewa Loki ƙanin Thor ne tun a labaran gargajiya. To fara gaya masa wannan gardamar ya faɗi. Sauran sai mun ɗan zauna, don su biyun ba ta ƙofa ɗaya suka shigo ba.

Shi Thor an san shi tun kafin a san Amurka. Mutanen Norway da Sweden da Denmark da Iceland sun bauta masa a matsayin mai tsawa da aradu kafin Kiristanci ya shige su, kuma har yau sunansa ranar Alhamis take ɗauke da shi a Turanci. Mafi yawan labarinsa yana cikin littattafai biyu da ake kira Edda, ɗaya tarin waƙoƙi, ɗaya zube wanda wani ɗan Iceland mai suna Snorri Sturluson ya rubuta wajen 1220, fiye da shekara 200 bayan ƙasarsa ta bar wannan bauta. Marvel kuwa ta fito da nata Thor ɗin a 1962, a fitowa ta 83 ta mujallar zane mai suna Journey into Mystery, aikin Stan Lee da ƙanensa Larry Lieber da mai zane Jack Kirby. Nasu wani gurgun likita ne Ba'amurke, Donald Blake, da ya je hutu Norway ya tsinci sanda a cikin kogo, ya buga ta da dutse, sandar ta zama guduma shi kuma ya zama Thor.

Ita Wonder Woman, duk tatsuniyoyin Girka ka zazzage su ba za ka same ta ba. Wani masanin halayyar ɗan Adam, William Moulton Marston, shi ya ƙago ta, Harry G. Peter ya zana, ta fara fitowa a ƙarshen 1941 ana tsakiyar yaƙin duniya na biyu. Abin da ya aro daga Girkawa shi ne uwarta Hippolyta, da ƙabilar mata mayaƙa da ake kira Amazon, da alloli irin su Aphrodite da Ares. Ko sunanta Diana ba na Girka ba ne, sunan da Rumawa ke kiran allahiyar farauta ne. Igiyar nan da take ɗaure mutum ya faɗi gaskiya dole, ita ma babu Bagirken da ya san ta. Sai dai in ka ji cewa Marston yana cikin waɗanda suka yi aiki a kan auna hawan jini don gano mai ƙarya, za ka gane daga inda igiyar ta fito.

Idan a nan aka tsaya, sai a ce Thor ya cinye. Amma je ka ga gudumar tukuna.

A fim, uban Thor ya ɗora mata sharaɗin cewa sai wanda ya cancanta zai iya ɗaga ta. A kan wannan aka gina fim ɗin 2011 gaba ɗaya: yaro mai girman kai, ubansa ya ƙwace masa ƙarfi ya jefo shi duniya, bai sake riƙe guduma ba sai da ya koyi tawali'u. Shi ya sa ma da Captain America ya ɗaga ta a fim ɗin 2019 'yan kallo suka kaure da ihu. A Edda babu wannan sharaɗin ko kaɗan. Wadanni maƙera ne suka ƙera ta, ƙotarta ma ta fito gajeriya saboda Loki ya rikiɗa ya zama ƙuda ya ciji mai zuga a fatar ido har jini ya rufe masa gani, ya saki zugazugin na ɗan lokaci. Abin da Thor ke buƙata kafin ya riƙe ta safar hannu ce ta ƙarfe da ɗamarar da ke ninka masa ƙarfi. Ba a duba zuciyarsa.

Har sace ta an taɓa yi, kuma wannan ne labarin da na fi so. Thor ya farka bai ga guduma ba. Ashe wani ƙato mai suna Thrym ne ya binne ta can ƙarƙashin ƙasa, ya ce ba zai mayar ba sai an aura masa Freyja, allahiyar soyayya. Freyja ta ce atafau. Sai Heimdall mai gadin alloli, wanda ɗan wasa Idris Elba ya fito a matsayinsa a fim cikin natsuwa da kwarjini, ya kawo shawara a yi wa Thor kwalliyar amarya a kai shi. Aka lulluɓe ƙaton mutum, aka rataya masa sarƙa da makullan gida, Loki ya shiga kayan mata ya zama ƙawar amarya. A wurin walima amarya ta cinye sa guda ita kaɗai, da manyan kifaye takwas, da duk kayan daɗin da aka ajiye wa mata, ta kora da ganga uku ta giyar zuma. Ango ya tsorata. Ƙawa ta ce ai kwana takwas ba ta sa komai a bakinta ba saboda ɗokinka. Ya ɗaga mayafi zai sumbace ta, ya ga idanu jajir kamar garwashi, ya yi tsalle baya. Ƙawa ta ce kwana takwas ba ta runtsa ba saboda begenka. Da aka kawo guduma aka ɗora wa amarya a cinya don sa albarka, ango aka fara rotse wa kai, sannan danginsa. Duk wanda ya tashi yana jin labarin Gizo zai gane wannan Lokin nan take: shi ke jawo masifa, shi ke fitar da mutane daga cikinta da ƙarya.

Wannan Thor ɗin jan gemu gare shi, ga ci, ga saurin fushi, kuma manoma da talakawa ne suka fi riƙe shi. Ba ya tashi sama. Karusa yake hawa wadda bunsuraye biyu ke ja, in yunwa ta kama shi a hanya ya yanka su ya ci, da safe ya tara ƙasusuwa a kan fata ya ɗaga guduma su miƙe. Marvel ta mai da shi yarima mai farin gashi da maganar fada.

Zumunta ma an hautsina ta. A Edda Loki aminin Odin ne, uban Thor, da suka haɗa jini, wato in ma za a ba shi matsayi, baffan Thor ne. Hel mai mulkin lahirarsu 'yar Loki ce, amma fim ɗin Thor na 2017 ya kira ta Hela ya mai da ita yayar Thor. Sif matar Thor ce mai gashin zinariya, a fim ta koma baƙin gashi da takobi, budurwarsa kuma ta zama wata Ba'amurkiya masaniyar kimiyya.

A wajen Wonder Woman sauyin ya fi wannan zurfi, amma da gangan aka yi shi, kuma da manufa. Girkawa sun ƙirƙiri labaran matan Amazon ne don jarumansu maza su ci su da yaƙi: Achilles ya kashe Penthesilea a Troy, Theseus ya ɗauke Antiope, Heracles kuma aikinsa na tara cikin sha biyu shi ne karɓo ɗamarar Hippolyta, wanda a ruwaya mafi shahara ya ƙare da kashe ta. Marston ya ɗauki labarin nan ya kifa shi. A nasa, Heracles ɗin, wanda ya kira Hercules, mayaudari ne da ya sace ɗamarar ya sa matan a mari, Aphrodite ta 'yanta su, suka ci gaba da sa awarwaron ƙarfe don kada su manta. Awarwaron da kake gani tana tare harsashi da su ke nan. Ita kanta Diana, uwarta ce ta gina ta da yumɓu aka busa mata rai, ba uba. Sai a 2011 marubucin DC Brian Azzarello ya ce ai 'yar Zeus ce, sarkin allolin Girka, aka ɓoye, fim ɗin Patty Jenkins na 2017 ya bi wannan. Ni a ganina nan aka rage mata armashi, don 'ya'yan Zeus na waje sun yi yawa a tatsuniyar Girka, wadda aka gina da yumɓu a tsibirin mata kuwa ita kaɗai ce.

Ga wani abin dariya. Babban abokin gabarta a fim Ares ne, allan yaƙi. A wurin Girkawa kuwa Ares shi ne uban Hippolyta, shi ya ba ta ɗamarar ma. Da an bi tatsuniya, kakanta take yaƙa. Themyscira kuma, mahaifarta da suka mai da ita ɓoyayyen tsibiri, a labaran Girkawa gari ne a bakin kogin Thermodon, gaɓar Bahar Aswad, cikin ƙasar Turkiyya ta yau.

Inda na fi ganin sun yi musanye shi ne batun mutuwa. Allolin Girka ba sa mutuwa, kirarinsu ke nan, amma fim ɗin Wonder Woman ya buɗe da cewa Ares ya karkashe su. Allolin arewa kuwa suna tsufa in ba su ci tuffar Idunn ba, kuma sun san ranar ƙarshensu, Ragnarok: kerkeci zai haɗiye Odin, Thor zai kashe macijin da ya kewaye duniya, ya yi taku tara, dafi ya kayar da shi. Fim ɗin da ke ɗauke da wannan suna bai yarda ya kashe shi ba. Ido ɗaya ya rasa, Odin ya yi mutuwar salin-alin a bakin teku a Norway, kerkecin kuma Hulk aka bar wa. Abin da suka riƙe shi ne ƙaton wuta Surtur ya ƙone Asgard, mazaunin allolin. Kamfani ba zai binne jarumin da ke kawo masa kuɗi ba, wannan kowa ya sani.

Akwai kuma yadda finafinan Marvel na farko suka yi ta kaucewa kalmar alloli. Sun nuna mutanen Asgard a matsayin halittun wata duniya masu ci gaban kimiyya, har a fim ɗin 2013 Odin da bakinsa ya ce su ba alloli ba ne, ana haifarsu suna mutuwa. Ina zargin lissafin kasuwa ne, don fim ɗin ya shiga gidan kowa ba tare da ya taɓa addininsa ba. DC ba ta yi wannan kwana-kwanar ba, Zeus ɗinta Zeus ne.

To amsarka: in sunaye da wurare da kayan aiki kake ƙirgawa, Thor ya fi kusa nesa ba kusa ba, tunda shi akwai shi, akwai Asgard, akwai gadar bakan gizo. In hali kake nufi, Thor ɗin fim da na Edda ko a hanya suka haɗu ba za su gane juna ba, ita kuwa Wonder Woman ba ta da wata ta asali da za a ce an ɓata. Bunsurayen ma sai a fim ɗin 2022 aka tuna da su, suna ta kwarara ihu daga farko har ƙarshe, kuma ba wanda ya yanka su.