Twaróg ko serek wiejski: wanne za ka ɗauka a shagon Polan?

Wanda ya san kindirmo ba zai sha wuyar gane twaróg ba. A Polan ana barin madarar shanu ta yi tsami ta daskare, a ɗumama ta kaɗan, kusan digiri 40, sai a zuba a ƙyalle ruwan ya tsiyaye. Abin da ya rage shi ne farin cuku mai laushi, mai ɗan tsami, babu gishiri. Suna kiransa kamar "tfaruk". Matsalar mai saye ita ce firjin shagon Biedronka ko Lidl cike yake da iri-iri, duk farare, kuma ba aiki ɗaya suke yi ba.

Fara duba kalmar da ke nuna yawan mai. Chudy shi ne wanda aka kwashe wa mai kusan gaba ɗaya, ƙasa da giram 1 a cikin giram 100. Yana da arha da gina jiki, amma busasshe ne, yana marmashewa, kuma tsaminsa ya fi fitowa. Półtłusty yana da mai kusan giram 4, tłusty kuma kusan giram 8. In ba ka tabbatar da abin da za ka dafa ba, ɗauki półtłusty. Shi ne yake shiga cikin pierogi ruskie, wato ƙullin fulawa da ake cusa wa dankalin Turawa da cuku da soyayyar albasa, ba tare da ya jiƙa ƙullin ba. Akan sayar da shi a dunƙule mai kusurwa huɗu na giram 250, ko mai siffar tsinin gatari da suke kira klinek.

Serek wiejski wani abu ne daban, ko da yake mutane na rikita su. Ƙwayoyin cuku ne masu taushi da aka wanke tsaminsu, suna iyo cikin kirim mara tsami da ɗan gishiri, a kofin roba na giram 150 zuwa 200. Na kamfanin Piątnica, wanda ya fi shahara, yana da mai kashi 5 cikin 100. Ana cin sa ne da cokali, ko a kan burodi da tumatir. Kada a kai shi tukunya: ruwansa ya yi yawa, ƙwayoyin ba sa haɗewa, duk abin da aka cusa shi a ciki zai yi laɓe-laɓe.

Mai son cuku da kirim irin na gargajiya, gara ya haɗa da kansa, kamar yadda mutanen birnin Poznan suke yin abin da suke kira gzik. Giram 250 na półtłusty, cokali 3 zuwa 4 na śmietana, wato kirim mai tsami, wanda mansa kashi 18 ne cikin 100, a murƙushe da cokali mai yatsu, a sa gishiri da yankakkiyar albasa ko ganyenta. Da dafaffen dankali mai zafi ake ci. In ya yi ruwa, kirim ne ya yi yawa. In yana cin maƙogwaro, chudy aka saya.

Inda aka fi yin asarar kuɗi shi ne bokitin kilo 1 mai rubutun sernikowy, niƙaƙƙen cuku na yin kek ɗin da suke kira sernik. Na kirki twaróg ne da kirim kawai. Wasu kuwa an tsinka su an ɗaure da sitaci, skrobia a rubuce, ko an ƙara garin madara, kuma irin wannan kek ɗin yakan zauna bayan an fito da shi daga tanda, ruwa ya taru a ƙasa. Karkata bokitin ka gani: in abin ciki yana gudu kamar yogot, ajiye shi. Dunƙulen tłusty da aka niƙa sau 2 ko 3 ya fi shi nesa ba kusa ba.

Jerin kayan haɗin twaróg na gaskiya gajere ne, mleko da kultury bakterii, madara da ƙwayoyin da ke sa ta tsami. Musulmi ya lura da kalmomi biyu. Żelatyna, wato sinadarin sa abu ya yi kauri da ake samu daga fata da ƙashin dabba, takan shiga wasu masu zaƙi da 'ya'yan itace, kuma wieprzowa na nufin ta alade ce. Podpuszczka kuwa sinadarin daskarar da madara ne. In an rubuta mikrobiologiczna, ba daga cikin dabba aka samo shi ba.

Duba ranar da ke bayan "należy spożyć do", wato a ci kafin wannan rana ta wuce. Ledar da ta kumbura, ko cuku mai yauƙi ko ɗaci, ya lalace. Bayan an buɗe, a rufe shi a firji, a cinye cikin kwana 2 zuwa 3.