Yawon cin abinci a unguwar Musulmin Xi'an: kuɗin jagora bai tafi a banza ba

Shekara tara ke nan ina zuwa Guanzu saro kayan wuta, amma da za ka tambaye ni abincin Chaina, da na ce maka ban san shi ba. Duk ɗan kasuwar da ke sauka a Xiaobei, unguwar 'yan Afirka a Guanzu, ya san yadda muke yi. Garin kwaki da ƙuli da yaji suna cikin jaka tun daga Kano, da rana a ci shinkafa a gidan abincin 'yan Afirka ko na Turkawa, in an gaji da su a shiga wurin Musulmin Chaina masu taliyar Lanzhou. Gudun naman alade da kitsensa ya sa ko ƙamshi ya dake ni a bakin titi ba na tsayawa.

A baje kolin Kanton na watan Oktoba akan samu 'yan kwanaki tsakanin zango na farko da na biyu, waɗanda yawanci a ɗaki nake ƙarar da su. A wannan karon ɗan yayata da ke karatun injiniya a Xi'an ya matsa mini a waya: "Kawu, ka zo ka ga inda za ka ci ka ƙoshi ba ka tambayi kowa me aka sa a ciki ba." Na hau jirgin ƙasa mai gudun nan, kusan awa takwas, na sauka a garin da su ke furta sunansa kamar Shiyan. Shi ne tsohon Chang'an, fadar sarakunan daular Tang, inda ayarin fataken hanyar siliki ke tashi su nufi yamma. Ta wannan hanya Larabawa da Farisawa suka shigo da Musulunci, kuma 'yan ƙabilar Hui da ke zaune a tsakiyar birnin yau daga nan suke jawo asalinsu.

Yaron ya riga ya biya mana kuɗin wani kamfani mai zagayawa da baƙi a ƙafa, ana tafe ana ɗanɗana abinci. Da ya faɗa mini kuɗin sai da na yi masa faɗa, don ya isa in ci abincin kwana uku a Guanzu. Na ce kai da ke zaune a garin, me ya sa za mu ɗauki ɗan jagora? Ya ce, "Wallahi Kawu, shekara uku ina nan, babban titin kaɗai na sani." Daga baya na gane gaskiyarsa. Da ɗan gari akan ci gari.

Ƙarfe tara na safe muka haɗu a bakin tashar jirgin ƙarƙashin ƙasa ta Sajinqiao, mu bakwai: ni da yaron, wasu Jamusawa biyu, da wani ɗan Malesiya da matarsa da 'yarsu. Jagorar matashiya ce 'yar Hui, da ɗankwalinta, a unguwar aka haife ta. Ta yi mana sallama cikakkiya, sannan kafin a sa komai a baki ta tsayar da mu gaban wani shago ta nuna mana haruffan Sinanci guda biyu a jikin allo. Ana karanta su "cingjan", alamar halal ke nan a Chaina. Ta ce mu ɗauki hotonsu a waya, don ba kowane allo ne ke da rubutun Larabci ba. Ta kuma ja mana kunne cewa ba a shiga waɗannan shaguna da giya ko abincin waje. Hoton nan yana wayata har yau, kuma ya yi mini amfani bayan na koma Guanzu.

Abin da ya fara burge ni shi ne ba ta bi da mu ta Beiyuanmen ba, titin nan da ke bayan Hasumiyar Ganga da aka gina a 1380, wanda duk mai hoton Xi'an a intanet ke nunawa. Ta ce can na 'yan yawon buɗe ido ne, mutanen unguwa ba sa karin kumallo a can. Ta lungu ta shigar da mu, inda tsofaffi masu farar hula ke zaune a kan 'yan kujeru, babura masu caji suna ta hon a bayanka, tururi na tashi daga kowace ƙofa.

Da wata miya muka buɗe baki, sunanta hulatang. Kauri gare ta da yauƙi, har ta tuna mini da miyar kuka, sai dai a cikinta akwai 'yan dunƙulen naman sa, dankali, kabeji da karas, a zuba man barkono a sama. Akwai wani irin yaji a ciki da ke sa leɓe ya yi zir-zir kamar ya mutu. Cokali biyu na farko ban ji daɗinsa ba, a na biyar gumi ya karyo mini, sanyin safiyar ya sake ni. Daga nan sai wani dattijo mai ƙatuwar tukunyar ƙarfe a kan keke, yana yanko zenggao da wani faffaɗan cokali: shinkafa mai danƙo da aka turara hawa-hawa da wake da wani jan 'ya'yan itace da suke kira dabinon Chaina. Da na tauna sai na ji magarya. Na faɗa wa yaron, ya duba a waya, ashe kuwa dangi ɗaya ne, tasu ce dai ta fi girma da nama. Haka ma wainar da muka ci daga baya, wadda ake kwaɓa fulawa da naman wani jan ɗan itace mai zaƙi, a cusa sukari da gyaɗar turawa a soya a tanda. Ɗan itacen ɗan'uwan kanya ne, kuma Oktoba ce kakarsa. A ci ta da zafi, in ta huce sai ta yi nauyi.

Amma duk wanda ya biya kuɗin wannan yawo, paomo ya biya wa, wato gurasa a cikin romon rago. A nan muka fi daɗewa, kuma a nan jagorar ta nuna ta san aikinta. Aka zaunar da mu, aka ajiye wa kowa babban kwano babu komai a ciki sai gurasa guda biyu, ƙanana, fari fat, masu tauri. Ni Bakano da na tashi da gurasa bandashe, sai na kama yagawa manya-manya yadda na saba. Jagorar ta zo ta zauna kusa da ni, ta ɗauki guda, ta raba ta biyu, ta sake tsaga ta ta ciki, sannan ta riƙa mintsinar gefen da farcen babban yatsa, kowane gutsure bai wuce ƙwayar waken suya ba. Ta bayyana dalilin: wannan gurasar kusan babu yisti a cikinta, kuma ba a gasa ta ta nuna sosai ba, a cikin romo za ta ƙarasa dahuwa. In gutsuren ya yi girma, cikinsa zai fito ɗanye. In ya yi daidai, zai sha romon ba tare da ya dame ba. Akwai injin yanka ga mai sauri, amma 'yan gari suna ganin ba ɗaya ba ne.

Minti ashirin muka yi muna mintsina, yatsa har ya yi zafi. A teburin da ke gefenmu wasu tsofaffi uku suna nasu suna hira, ko kallon kwanon ba sa yi. A nan ne muka san juna da ɗan Malesiyan, muka yi hirar Hajji da tsadar kujera a ƙasashenmu. Da aka gama, ma'aikaci ya ba kowa lamba, ya maƙala irinta a kwanon, don kada a ba ka aikin hannun wani. Jagorar ta tambayi kowa yawan romon da yake so. Akwai wanda ake tsotse shi gaba ɗaya, akwai wanda in ka gama ci sai ka tarar da saura kurɓi ɗaya, akwai kuma wanda suke kira "ruwa ya kewaye gari", gurasar a tsakiya romo ya zagaye ta. Na zaɓi na tsakiya.

Kwanon ya dawo yana tururi, da yankan naman rago mai laushi a sama da siririyar taliya mai ɗaukar ido. A gefe an ajiye tafarnuwa da aka jiƙa a ruwan tsami da sukari, da niƙaƙƙen barkono, da ganyen koriyanda. Ta ce kada a juya, a riƙa ci daga gefe ana matsowa ciki, don zafin ya daɗe. Romon nan an kwana ana dafa ƙashi a cikinsa, ba ƙarni ko kaɗan, kuma duk lokacin da maiƙo ya fara isarka sai ka ɓare tafarnuwa ɗaya ka tauna, bakinka ya dawo sabo. Na yi shiru ina ci har yaron ya ce, "Kawu, santi ne?" Na ce masa santi ne.

Wani gargaɗi da ta yi mana ya kamata duk Musulmin da zai je garin ya riƙe. Akwai gurasa mai nama a ciki da Xi'an ta yi suna da ita, roujiamo. A cikin unguwar Hui da naman sa ake yin ta, wanda aka jiƙa da gishiri aka dafa har yana marmashewa, a cusa a gurasa mai zafi daga tanda. Wadda muka ci ta yi daɗi ƙwarai, ko miya ba ta buƙata. Amma da ka fita daga unguwar, wannan sunan dai na naman alade ne. Don haka in za ka yi rajistar irin wannan yawo, ka faɗa musu tun farko cewa na halal zalla kake so, saboda akwai masu haɗawa da shagunan wajen unguwar har da giya.

Yanzu ga inda ban ji daɗi ba. Bayan paomo ciki ya riga ya cika, amma saura wuri huɗu a jadawalinsu. Taliya mai sanyi da aka kwaɓa da niƙaƙƙen riɗi, wadda na san da yunwa zan yaba mata, loma biyu na iya yi. Da sun raba kwano ɗaya ga mutum biyu a farkon tafiyar, da an ci komai da marmari, kuma da ba a bar abinci a tebur ba, abin da ya dame ni sosai. Tsiren da aka ba mu a ƙarshe, mai barbaɗen kumin da barkono, ya bushe a wuta, kuma wanda ya san tsire mai ƙuli ba zai yi zumuɗinsa ba. Abin da ya fi ɓata mini rai shi ne shagon ganyen shayi da busassun 'ya'yan itace da aka kai mu, muka yi kusan rabin awa mai shagon yana ta tallar kayansa. Ni ɗan kasuwa ne, na san yadda ake kawo wa mutum ciniki. Ban biya kuɗi don a kai ni sayayya ba.

Wannan rabin awar ce aka rage daga lokacin Babban Masallaci, inda yawon ya ƙare. Jagorar ta tsaya a farfajiyar farko ta faɗi cewa ana danganta kafuwarsa da shekarar 742, yawancin ginin da ake gani yanzu kuma na zamanin daular Ming ne, sai ta yi mana bankwana don wata tawaga na jiran ta. Wurin ya fi ƙarfin minti goma. Ba ƙubba, ba doguwar hasumiya irin tamu. Rufin kamar na fadar sarakunan Sin, farfajiya bayan farfajiya da itatuwa, duk sun miƙe sun fuskanci yamma, wato alƙibla. Mu da iyalin Malesiyan muka zauna har azahar. A cikin zauren sallar an sassaƙa Alƙur'ani a jikin allunan katako da suka zagaye bango. Wani tsoho ya matsa ya buɗa mini wuri a sahu, bayan sallama ya riƙe hannuna da hannu biyu ya tambayi yaron daga ina muke. Da ya ji Najeriya sai ya gyaɗa kai ya ce Alhamdulillah.

Ga mai niyyar zuwa, a zaɓi yawon safe, don hulatang da zenggao abincin safe ne, masu kyau kan ƙare kafin rana ta take. Kada a karya kafin a fito. A sa takalmin da ƙafa ta saba da shi, tafiyar awa huɗu ce kuma wurin zama kaɗan ne. A haɗa manhajar biyan kuɗi ta Alipay ko WeChat a waya, don ko mai tura keke lambar biya yake nuna maka. In akwai ɗan Chaina ko ɗalibi a tare da kai ya fi, saboda Turancin jagorar yana da sauri, sau da yawa sai yaron ya maimaita mini da Hausa.

Washegari kafin in kama jirgin komawa Guanzu, yaron yana aji, na fito ni kaɗai bayan asuba. Na sauka a Sajinqiao, na bi lungun da ta bi da mu, na duba haruffan nan biyu a jikin allo, na shiga shagon hulatang. Matar da ke zuba miyar ta gane ni. Na ɗaga mata yatsa ɗaya, ta cika kwanon, ta nuna man barkono tana tambaya da ido, na ce ta ƙara.