Curling: wasan mata huɗu ko na bibbiyu?

Curling wasa ne na tura duwatsu a kan ƙanƙara zuwa cikin wata da'ira, ana yin sa huɗu-huɗu ko bibbiyu, wato mace da namiji. Alina Pätz 'yar Suwizalan ta ɗanɗana duka biyun. A 2011 ta ci kofin duniya na bibbiyu tare da Sven Michel, a 2015 kuma ta jagoranci mata huɗu suka ci nasu.

Wasan huɗu zagaye 10 ne, kowane ɓangare duwatsu 8 a zagaye. Ɗaya ta tura dutse a kan ƙanƙara, biyu su bi shi da tsintsiya, shugabar tana can gaba tana ta ihu. Na mace da namiji kuwa zagaye 8 ne, duwatsu 5, kuma sau da yawa wanda ya saki dutsen, mai kusan kilo 20, shi zai miƙe ya bi abinsa da shara. Ni dai shi na fi so. In ka ɓata, ba inda za ka laɓe.