Sharhi kan wani littafin koyar da yaran JHS: babi ɗaya ya biya ni, sauran kuwa da gyara

Ina koyar da lissafi a sashen JHS, wato ƙaramar sakandare, na wata makarantar Islamiyya da ke Asawase a nan Kumasi, kuma duk malamin da ya taɓa tsayawa gaban 'yan aji biyu ya san cewa babu shekarun da suka kai waɗannan wuyar sha'ani. Yaron da ya shigo aji ɗaya yana rige-rigen ɗaga hannu, kafin shekara ta zagayo sai a tarar ya koma bencin baya, murya ta fara buɗewa, ga saurin fushi, ga kunyar da ba a san mafarinta ba. Wannan ne ya sa na nemi littafin da wani tsohon malami Ba'amurke ya rubuta kan koyar da yaran makarantar tsakiya, wadda a wurinsu ta ƙunshi aji shida zuwa takwas, wato 'yan shekara 11 zuwa 14. Namu 'yan 12 ne zuwa 15 tun da gyaran ilimi na 1987 ya soke midil ta shekara huɗu da iyayenmu suka yi, ya kawo JSS wadda ta koma JHS a 2007, saboda haka na ga tazarar ba ta da yawa.

Babin da ya kama ni shi ne wanda ya yi magana kan jin kunya a gaban tsara. Marubucin ya bayyana cewa ɓangaren gaba na ƙwaƙwalwa, wanda ke sa mutum ya danne zuciya ya auna ƙarshen abu, ba ya gama nuna sai an haura shekara ashirin, alhali damuwa da yadda abokai ke kallon mutum tana kai ƙarshen ƙarfinta ne daidai waɗannan shekaru. Don haka yaron da aka kunyata a cikin aji ba darasin yake ji ba, dariyar 'yan'uwansa kawai yake ji. Na yarda da wannan magana ƙwarai, domin na ga abin da ya biyo bayan hana bulala da hukumar ilimi ta Ghana, wato GES, ta yi a 2017. Da yawa daga cikinmu sun ajiye bulalar sun ɗauki harshe, ana kiran makin yaro da ƙarfi, ana yi masa gori da sana'ar gidansu, kuma tabon da wannan ke bari ya fi na bulala daɗewa. Shawarar littafin ita ce a bai wa kowane ɗalibi ƙaramin littafi da zai riƙa rubuta wa malami abin da ke ransa, ba wanda zai karanta sai malamin, kuma ba za a gyara kuskuren rubutu a ciki ba.

Na sa aka raba littattafan rubutu gida biyu da wuƙa, na raba wa 'yan ajina, na ce duk ranar Juma'a kafin a tashi zan karɓa. Akwai wata yarinya 'yar shekara 13 da ta fi damuna, domin a aji ɗaya tana cikin na gaba-gaba, amma yanzu darasin farko da na biyu a barci take yin su, kanta a kife kan benci, hijabi ya rufe fuska. Da farko abin da take rubutawa bai wuce "Ba komai, Madam" ba. Ina amsa mata da layi ɗaya ko biyu in mayar, kamar yadda littafin ya ce kada a matsa. Wata Juma'a sai na buɗe na tarar ta cika shafi biyu, Turanci da Hausa a gauraye, rubutun yana zamewa daga kan layi yana gangarawa ƙasa, ga tabon mai a kusurwar takardar. Ta ce a wurin gwaggonta take zaune a Aboabo, ƙarfe uku na dare ake tashinta ta hura wuta ta wanke shinkafa da wake, ta taya ɗaukar tukunya zuwa bakin titi, ta tsaya sayarwa har wajen bakwai kafin ta rugo makaranta. In an tashi ta wuce makarantar allo sai magariba, sannan wankin tukwane. Amma abin da ta fi tsawaitawa a kai ba gajiyar ba ne. Wani malami ne ya taɓa kiranta "mai waakye", wato mai sayar da shinkafa da wake, a gaban aji ranar da ta makara, sunan ya bi ta, tun daga ranar ta ƙudura ba za ta ƙara buɗe baki a aji ba.

Na daɗe riƙe da wannan ɗan littafi, domin yarinyar tana gabana kullum, kuma da na tambaye ta baki da baki na san ba abin da zan samu sai sunkuyar da kai. Ranar Asabar da hantsi na je gidan, na tarar da gwaggon tana kankare ƙanzo. Bayan mun gaisa na ce, "Hajiya, ba ƙara na kawo ba, 'yarki tana da ƙwaƙwalwa, barci ne kawai yake cinye mana ita." Ta ajiye cokalin ta ce, "Malama, ni ma ba son raina ba ne, da tukunyar nan nake ɗinka mata yunifom, ubanta ya rasu, uwar tana arewa." Ban ga laifinta ba, kuma ban je don in ga laifinta ba. Muka yi shawara cewa wankin tukwanen dare zai koma hannun wata babbar 'yarta, yarinyar ta kwanta da zarar an yi isha, kuma a sallame ta daga bakin titi da ƙarfe shida. Malamin da ya yi mata gori kuma na same shi a keɓe, ya karɓi maganar da mutunci. Ba zan ce ta koma ta ɗaya a aji ba, amma barcin ya ragu sosai, kuma ta fara fitowa allo da kanta. Don wannan kaɗai na gode wa marubucin har cikin zuciyata.

Sai dai da na koma littafin ina neman abin da zan yi bayan yarinya ta buɗe cikinta, a nan ne raina ya fara ɓaci. Amsarsa ita ce a tura ta wurin mai ba da shawara na makaranta, a aika wa iyaye saƙon imel. Mu ba mu da wannan ofis, malamin aji shi ne komai. Babin barci ya faɗi gaskiya cewa yaran wannan shekaru suna bukatar awa takwas zuwa goma, har ya kawo shawarar da ƙungiyar likitocin yara ta Amurka ta bayar a 2014 cewa kada a buɗe makarantu kafin takwas da rabi na safe, amma duk laifin ƙarancin barci ya ɗora shi kan waya da wasan kwamfuta. Yaron da marubucin ya sani ba shi da wani aiki a duniya sai karatu. Bai san wanda ke talla a kasuwar Kejetia bayan an tashi ba, bai san wanda ke hadda da asuba ba. Haka kuma yana cewa a jera kujeru huɗu-huɗu a zagaye, ni kuwa ɗalibaina sun haura hamsin a kan benci mai cin mutum biyu da muke cusa uku, ko ratsawa tsakaninsu sai da dabara.

Abin da ya fi ba ni haushi shi ne yadda ya raina jarrabawa, yana nuna cewa malamin kirki bai kamata ya damu da ita ba. Wannan magana ce ta wanda yaransa za su wuce sakandaren unguwarsu ko da me suka samu. A nan sakamakon BECE, jarrabawar kammala JHS, ne kwamfuta ke dubawa tun 2005 ta yanke inda yaro zai je, kuma tun da aka fara sakandare kyauta a 2017 rububin gurbi a makarantu irin su Prempeh da Yaa Asantewaa da T.I. Ahmadiyya bai ragu ba. Uban da ya zo ya ce mini, "Malama, ina so yaron nan ya samu makaranta mai kyau," ba zan karanta masa wannan babi ba. Batun harshe ma ya taɓa shi sama-sama ne, alhali ɗalibina da Hausa ya tashi, da Turanci ake koya masa, Twi yake rubutawa a matsayin harshen gida, ga Larabci da ya shiga BECE a 2024.

Sannan akwai mai sayarwar, wanda da yawa a cikin malamanmu suke saye a wurinsa ta WhatsApp. Ya rantse mini na asali ne, na tura masa kuɗin na asali ta MoMo, wato aika kuɗi ta waya, kuma kowa ya san abin da littafin waje ke ci yanzu. Bango kam yana sheƙi, amma ciki hoto ne aka ɗauka aka manna da gam, jadawalai sun yi baƙi ƙirin ba sa karantuwa. Ban gano babbar ɓarnar ba sai ranar da wata uwa ta zo tana kuka cewa ɗanta ya daina yi mata magana, ya fara kwana a ɗakin samari. Na ce ta ba ni zuwa gobe, na buɗe babin balaga da mu'amala da iyaye da daddare, sai na ga daga shafi na 112 an tsallaka zuwa 129, kuma farkon babin gaba ɗaya yana cikin abin da ya ɓace. Washegari da abin da na sani na zauna da ita. Na kira mutumin ya ce zai canza mini, daga baya ya ce haka suke zuwa daga Ankara, babban birninmu, yanzu kuma saƙona ma ba ya buɗewa. Duk malamin da zai saya a wurinsa, ya tsaya a gabansa ya bi shafukan ɗaya bayan ɗaya, musamman tsakiyar littafin, kafin ya tura ko sidi ɗaya.