UN Web TV: wurin da zaka ga wanda ya ɗaga hannu da idonka

Jama'a masu bin siyasar duniya, musamman ku da kullum kuke musu a kan wace ƙasa ce mai tausayi wace ce azzaluma, akwai wani shafi da nake ganin ya kamata ku leƙa kafin ku ci gaba da tada jijiyar wuya, sunansa UN Web TV. Tashar intanet ce ta Majalisar Ɗinkin Duniya, kyauta ce, ba rajista ba komai, kana shiga zaka tarar da zaman Kwamitin Sulhu da na Babban Zaure kai tsaye, wanda ya wuce ka kuma yana nan a ajiye ka kalla duk sanda ka samu sarari. Babu mai sharhi, babu ɗan jarida da zai tauna maka magana ya baka, kyamara ce kawai da jakadu da tafintoci.

Ni abin da yasa nake komawa shine lokacin ƙuri'a. Kwamitin Sulhu kujeru 15 ne, biyar na dindindin wato Amurka, Birtaniya, Faransa, Rasha da Sin, goma kuma zaɓaɓɓu na shekara bibbiyu, ƙuduri baya wucewa sai ya samu ƙuri'a 9 kuma babu ɗaya cikin manyan nan biyar da ya hau kujerar naƙi. To a labarai abin da zaka ji bai wuce "ƙudurin ya faɗi" ba, kamar shi ya zame da kansa. A nan kuwa shugaban zama zai ce masu goyon baya su ɗaga hannu, kaga hannaye sun tashi zagaye da teburin, sai ya ce masu adawa, sai kaga hannu ɗaya tilo, da fuskar mai shi, da sunan ƙasarsa a gabansa. Wallahi wannan daƙiƙa goman ta fi dogon sharhi bayani, don alhaki a nan ba a iska yake yawo ba, yana wuyan wani takamaimai.

Kuma idan kana da ɓangaren da kake so, shirya ranka ya ɓaci. Ranar 20 ga Fabrairun 2024 Aljeriya ta kawo daftarin neman tsagaita wuta a Gaza, 13 suka yarda, Birtaniya ta ƙaurace, Amurka ta kashe shi, hujjarta wai zai dagula tattaunawar sako mutanen da ake garkuwa da su. Ranar 18 ga Nuwamba na shekarar nan dai, Birtaniya da Saliyo suka kawo nasu kan kare fararen hula a Sudan, 14 suka yarda, Rasha ita kaɗai ta kashe shi, ita kuma hujjarta wai ana neman taka 'yancin gwamnatin Sudan. Ka kalli zaman biyun a jere, zaka ji wanda ya hau kujerar naƙi a na farko yana kukan rayukan bayin Allah a na biyu, wanda ya yi kukan a na farko shi ne mai kashe ƙuduri a na biyu, kowanne da muryar tausayi kamar gaske. Masoyin Amurka da masoyin Rasha duk sai sun ji kunya in dai da gaskiya suka kalla.

Akwai zaman da nake ce ma kowa ya nema, na daren 23 ga Fabrairun 2022 agogon New York. Ana cikin taron gaggawa ana roƙon kar a yi yaƙi, Sakatare Janar na Majalisar, Antonio Guterres, na roƙon Putin ya dakatar da sojojinsa, sai ga sanarwa daga Mosko cewa an fara kai hari Yukiren, kuma wanda ke shugabantar zaman a watan jakadan Rasha ne, Vassily Nebenzia, saboda shugabancin karɓa-karɓa ake yi duk wata. Jakadu na ta karanta takardun da aka rubuta musu kafin labari ya canza. Ban san wani darasi a aji da zai nuna maka iyakar diflomasiyya kamar wannan bidiyon ba.

Amma fa ga tarkon da ke cikin shafin nan, yana sa mutum ya riƙa auna ƙasa da daɗin bakin jakadanta. Jawabi mai kyau akwai shi, na jakadan Kenya Martin Kimani kan batun Yukiren kwana biyu kafin wancan daren, inda ya kawo misalin iyakokin da Turawan mulkin mallaka suka shata wa Afirka kuma aka haƙura da su don gudun zubar da jini, ya yi armashi ƙwarai kuma Kenya ta bi shi da ƙuri'a. Sai dai ba kowa ke haka ba, wani zai yi minti bakwai yana zuba kalamai sannan lokacin ɗaga hannu ya ƙaurace. Shawarata ka fara tsallakawa wajen ƙuri'a, ka ga abin da kowa ya yi, sannan ka dawo ka saurari bayaninsa, zaka ji maganar ta canza ɗanɗano.

Su masu ƙauracewar ma ba duka ne matsorata ba, kar a yi musu kuɗin goro. A Maris 2011 ƙuduri mai lamba 1973, wanda ya bada izinin amfani da ƙarfin soja don kare fararen hula a Libiya, ya wuce da ƙuri'a 10, ƙasashe biyar suka ƙaurace, Rasha, Sin, Jamus, Indiya da Brazil, yayin da ƙasashen Afirka uku da ke kwamitin, Najeriya, Afirka ta Kudu da Gabon, duk suka ɗaga hannu da niyyar kare mutanen Benghazi. An dogara ne da alƙawarin da shugabannin duniya suka ɗauka a 2005 cewa in gwamnati ta kasa kare jama'arta daga kisan kiyashi to nauyin ya hau kan sauran duniya. Abin da ya biyo baya kowa ya gani, kare fararen hula ya rikiɗe ya zama kifar da Gaddafi, Libiya ta wargaje, Rasha da Sin kuma suka riƙe wannan a matsayin hujja duk sanda aka kawo maganar Siriya. To wa ke da alhaki a nan, wanda ya ɗaga hannu don ceton rai ko wanda ya yi zargin za a wuce gona da iri? Ni har yau ina ganin niyyar masu ɗaga hannun mai kyau ce, amma wanda ya bada izinin yaƙi bai bi diddigin yadda ake amfani da izinin ba shima yana da nasa kason.

Babban naƙasun shafin kuwa ba laifin masu kyamara bane, tsarin gidan ne. Ainihin ciniki ana yinsa a zaman sirri a wani ƙaramin ɗaki kusa da zauren, da ofisoshin jakadu, kuma galibin daftarori Amurka ko Birtaniya ko Faransa ke riƙe da alƙalamin rubuta su, kafin a fito gaban kyamara an riga an gama yanka an raba. Ɗauki Ruwanda, 21 ga Afrilun 1994, ana tsakiyar kisan da ya ci mutum wajen 800,000, kwamitin ya amince da ƙuduri na 912 ya rage dakarun Majalisar daga kusan 2,500 zuwa 270, kuma baki ɗaya aka yarda. Wanda ya kalli ɗaga hannu kaɗai zai ce duk kanwar ja ce, bazai san cewa a ciki Ibrahim Gambari na Najeriya ya nemi a ƙarfafa rundunar ba, ko irin fafutukar da Colin Keating na New Zealand ya yi don a kira abin da sunansa na kisan kiyashi, alhali wakilin gwamnatin da ake kisan a ƙarƙashinta yana zaune a kwamitin yana jin komai. Haka alherin ma ɓoye yake, yarjejeniyar fitar da hatsin Yukiren ta tekun Bahar Aswad da Turkiyya da Majalisar suka ƙulla da Rasha da Yukiren a Istanbul a Yulin 2022, wadda ta fitar da kusan tan miliyan 33 kafin ta tsaya bayan shekara guda, ba da jawabin zaure aka same ta ba, zama aka yi da wanda ake zargi da wanda aka zalunta ana lallami ba kyamara.

Wani abu da mutane basu cika kula da shi ba a shafin, tun Afrilun 2022 bisa shawarar ƙaramar ƙasar nan Liechtenstein, duk sanda aka hau kujerar naƙi sai Babban Zaure ya zauna cikin kwanakin aiki 10 a tattauna, a ba wanda ya hau damar fara bayani gaban ƙasashe 193. Baya dawo da ƙudurin da aka kashe, amma a nan ne zaka ji ƙananan ƙasashe suna faɗin abin da ke ransu, ni na fi jin daɗinsa kan na kwamitin ma.

Harshe kam sai haƙuri, shida ne kawai na hukuma, Larabci, Sinanci, Ingilishi, Faransanci, Rashanci da Sifaniyanci, babu harshen Afirka ko ɗaya duk da cewa rikicin nahiyar ne ke cin kaso mai tsoka na lokacin kwamitin. Wanda ke jin Larabci ko Faransanci ya gwada su, zaka iya canza tafinta ana cikin magana, ko ka zaɓi muryar zauren ka ji jakadan da bakinsa. Zaman kuma dogaye ne, wani ya haura awa uku, rabi duk godiya ga shugaban zama da taya murna, kuma shafin baya baka tarihin rikicin, in baka san shi ba tun farko zaka ɓata a hanya, gara ka buɗe rubutun daftarin a gefe kana bi.

In maki zan bayar, huɗu cikin biyar. Ɗalibin siyasa da ɗan jarida da duk mai son musu da hujja su lazimce shi, mai neman taƙaitaccen labari cikin minti biyu kuma ba nan ne wurinsa ba. Sabon shiga ya fara da zaman 25 ga Maris 2024, ranar da ƙuduri na 2728 na tsagaita wuta a Gaza cikin Ramadan ya wuce da ƙuri'a 14 Amurka ta ƙaurace, har aka yi tafi a zauren, sannan ya tsaya ya saurari bayanan bayan ƙuri'ar inda aka fara jayayya kan ko ƙudurin dole ne a bi shi.