Hanya Biyu Ga Mai Jifan Ƙwallon Besbol: Sa Hannu Da Wuri Ko Karatu A Amurka

Yaron da ya taso a Agege ko Idi-Araba a Legas, Allah ya hore masa ƙarfin damtse, yana burin zama mai jifa (ɗan wasan da ke jefa ƙwallo ga mai bugu da sanda) a babbar gasar besbol ta Amurka, hanya biyu ce a gabansa.

Ta farko ita ce ƙungiya ta ɗauke shi kai tsaye daga ƙasarsa, abin da dokar gasar ta yarda da shi daga shekara 16. Kuɗi kan zo da wuri, amma zai fara ne daga can ƙasa, ya haura matakan ƙananan gasa ɗaya bayan ɗaya, kuma idan jijiyar gwiwar hannunsa ta tsinke, tiyata da jinya sukan ci fiye da shekara guda, alhali ba shi da takardar karatun da zai dogara da ita.

Ta biyu ita ce ya tafi makaranta a Amurka ya jira zaɓen 'yan wasa na shekara-shekara, inda ƙungiyoyin gasar ke ɗaukar sababbin 'yan wasa bi da bi, wanda yanzu zagaye 20 ne. Ɗalibin jami'a ba ya shiga zaɓen sai ya kammala shekara uku ko ya cika 21. Misali, mai jifa Tayler Scott, haifaffen Johannesburg a Afirka ta Kudu, ya yi sakandare a Amurka, daga nan ƙungiyar Chicago Cubs ta zaɓe shi a 2011, amma bai taka babbar gasar ba sai 2019, tare da Seattle Mariners.

Ni dai na fi natsuwa da ta biyu, duk da tsadar tafiya da wahalar biza, domin hannun mai jifa ba ya daɗewa kamar ilimi.