Ƙahon "zare tunani" a kasuwar ƙauye: hannun ya iya, da'awar ce babu ita

A wata kasuwar mako da ke tsakanin Gumel da Maigatari akwai rumfar wanzami da ta yi suna da wani aiki da ake ce wa "zare tunani". Wai tunanin da ke hana mutum barci, na bashi ne ko na rasuwa ko waswasi, taruwa yake yi a ƙeya kamar gudan jini, kuma ƙaho na iya zuƙo shi waje. Kuɗinsa ya ninka na ƙahon da aka saba sau uku, ban da abin da ake kira kuɗin binnewa.

Ga yadda aikin yake. Mutum zai zauna a tabarma ya sunkuyar da kai, a tambaye shi abin da ke cin ransa, a bar shi ya yi ta faɗa ba a katse shi. Sai a aske ƙeya kamar faɗin tafin hannu, a jiƙa wurin da ruwa, a kafa ƙaho biyu dama da hagu, na uku a tsakanin kafaɗu. Wanzami ya zuƙe iskar da baki ta hudar tsinin ƙahon, ya tura 'yar jijiya da harshe ya toshe. Bayan kamar minti 5 fata ta taso, a cire, a yi tsaga ƙanana, a mayar da ƙahon a sake zuƙa. Wannan karon ne ake ce wa mutum ya riƙe tunanin a ransa, kada ya sake shi har sai an ɗaga ƙahon. Da an ɗaga, wanzami ya juye abin da ya fito a kan yashi, ya tsokane shi da tsinke ya ce, "Baba, ga bashin nan, ka gan shi baƙi ƙirin." Yaronsa ya kwashe ya kai bayan rumfa ya binne.

Ta fuskar wanzanci babu abin kushewa sosai. Tsagar ba ta zurfi, ƙahon yana kama fata ba ya faɗuwa, jinin da kowane ƙaho ke fitarwa bai wuce cokali biyu ko uku ba, wanda ba komai ba ne a jikin babban mutum mai kusan lita 5. Wanda wuyansa ya sage saboda ɗaukar kaya ko doguwar tafiya a kan babur zai iya tashi ya ji sakayau.

Amma gudan da ake nunawa jini ne, ba tunani ba. Duk jinin da ya bar jiki ya zauna 'yan mintoci sai ya daskare, duhunsa kuma na jinin da ke kusa da fata ne wanda ya sha zuƙa. A kafa wa wanda ba shi da damuwar komai ƙaho a gadon baya, gudan da zai fito iri ɗaya ne. Tunani aikin ƙwaƙwalwa ne, tana can cikin ƙoƙon kai, tsagar da ko fata ba ta gama hudawa ba ina za ta kai gare ta? Sauƙin da mutane ke ji gaskiya ne, sai dai tushensa daban: manomin da ya yi wata uku yana haɗiye zancen bashin taki ya samu wanda ya saurare shi rabin awa. Shi ya sa bayan kwana biyu ko uku tunanin ke dawowa, a ce "saiwar ce ba ta fita ba", a sake biya.

Ana jingina aikin da sunna, kuma nan ma sai an rarrabe. Ya tabbata Annabi (SAW) ya yi ƙaho a ka saboda ciwon kai, ya kuma biya mai ƙahon ladansa, an ruwaito ranakun 17, 19 da 21 ga watan Musulunci. Abin da ya koyar kan waswasi kuwa neman tsari ne da kau da kai, ba zubar da jini ba.

Babban aibin rumfar tsafta ce. Reza sabuwa ake ɓarewa a gaban mutum, wannan an kyauta, amma ƙahonin a kwano ɗaya ake ɗauraye su daga safe har la'asar, ruwan ya koma ja. Ƙwayar ciwon hanta nau'in B tana rayuwa a wajen jiki aƙalla kwana 7, ɗauraya ba ta kashe ta. Ko dai a tafasa kayan minti 20, ko a koma kofunan roba na hijama da ake jefarwa bayan mutum ɗaya. Ba a kuma tambayar kowa lafiyarsa kafin a tsaga. Mai sikila, mai ƙarancin jini, mai juna biyu, mai ciwon suga da rauninsa ba ya saurin warkewa, da mai shan maganin tsinka jini irin warfarin, duk bai kamata a kafa musu ba.

Wanda ya haura mako biyu ba barci, ba cin abinci, ya daina zuwa gona da majalisa, ko yake jin muryoyi, ko ya fara zancen gara ya mutu, ba na rumfa ba ne. A kai shi asibitin ƙwaƙwalwa na Kazaure ko na Dawanau a Kano tun kafin abin ya yi nisa. Mai ciwon wuya kawai ya je da sassafe kafin layi ya taru, ya tafi da kofunansa sababbi, ya ce ƙaho zalla yake so, ya biya kuɗin ƙaho.